Kaset ɗin da Ba Shi da Amshi

Kakata ba ta taɓa ganin matar nan ba, ni ma ban taɓa ganinta ba, amma mun daɗe a gidanmu na Gure muna zancenta kamar 'yar uwar da aure ya kai nesa. Mawaƙiya ce 'yar ƙasar Kanada. Kaka ce ta raɗa mata Marainiya, kuma da haka kowa ya san ta a gidan, har yaran da aka haifa daga baya.

Ga yadda ta shigo mana. Ina saurayi na samu aikin tuƙi a wani furoje na tsayar da rairayi, masu kafa shingen kara da dasa itatuwa a kan tudun yashi don kada ya binne gonaki da kwarin dabino. Wanda nake tuƙawa Bature ne ɗan Kanada, dogo, mashayin shayi na ƙin ƙarawa. Kaset ɗaya tak gare shi a motar. Mu tafi Kelle shi ne, mu dawo shi ne, mu kafe a yashi muna haƙa taya shi ne. Da farko haushi yake ba ni. Wace irin waƙa ce wannan, ba kirari, ba guɗa, mace ɗaya da gitar sai ka ce an yi mata rasuwa? Amma kafin damina ta faɗi na kama kaina ina bin ta da fito.

Ba na jin Ingilishi, har yau ban iya ba. Da ɗan Faransancina na lakwal, wato makarantar boko, nake yi wa Baturen tambaya. Ya ce ita take shirya waƙoƙinta, ita take kaɗa gitar ɗinta, kuma ba wani babban kamfani da ya tsaya mata. A ɗakin girkin uwarta ta naɗi kaset ɗin nan lokacin sanyinsu, shi ya sa in ka kasa kunne za ka ji ƙarar kujera, wani wurin ma har ƙofa aka rufe. Ya ce tsohuwar mota take shiga gari gari, ta yi wasa a ƙananan ɗakuna, in ta gama ta buɗe jaka ta sayar da kaset da hannunta. Na ce to muryar nan ta biyu da ke bin ta fa, ƙanwarta ce? Ya yi dariya ya ce ita ce dai. Takan naɗi muryarta, ta dawo ta saurara, ta ɗora wata a kai.

Da aikinsa ya ƙare ya bar mini kaset ɗin. Na sayi radiyo mai cin kaset a kasuwa, na cika ta da pil, wato batir, na kai gida don Kaka ta ji.

Sai na faɗi wace ce Kaka. Mahaifiyar babana ce, kuma uwar waƙa ce ta kiɗan ƙwarya, irin wanda mata suke kife ƙwarya a ruwa cikin masaki suna bugawa ranar suna ko biki. Amma kada ka kuskura ka ce mata zabiya, wallahi sai kun kwana kuna yi. Ba ta wasa kowa, ba ta ambaton sunan mai kuɗi. Waƙarta ita take ƙirƙira, kan yashin da ya ci gonarta ta Bune, kan akuyarta, kan surukan da ke barci har rana ta take. Takan haɗa Hausa da Barbarcin uwarta yadda ta ga dama. Daga Gamu, daga Bune, amalanke ake aiko mata. Tana da ƙawayenta 'yan amshi da suke tafiya tare, ita ta jefa baiti su cafe. Kuma tun tana budurwa ita ke ja. Abin alfaharinta ke nan a duniya, cewa bakinta bai taɓa yi wa wata mace amshi ba.

Tsakanina da ita wasan jika da kaka ne, maigida take ce mini, ni kuma amarya. Na kunna mata, ta karkata kai tana saurare tana ɓare gyaɗa.

"Maigida, wannan ba ta da dangi ne?"

"Me kika gani?"

"Ina 'yan amshinta? Ko marainiya ce?"

Na ce ai ga amshi nan, ita take yi wa kanta, na bayyana mata yadda Bature ya faɗa mini. Ta aje gyaɗar ta tafa hannu.

"Tabɗi! Ta yi sallama ta amsa wa kanta? Allah ya ba ta lafiya. Amma fa tana da murya, 'yar nema. Sake kunnawa."

Tun daga ranar, in ta gaji da surutun gida sai ta ce a sa mata Marainiya.

Shi ya sa mini kwaɗayin ni ma in naɗi Kaka. Aka yi sunan ɗan wata 'yar uwarmu a Gamu, na sayi sabon kaset na bi su. Da hantsi mata suka zauna a inuwar itacen bedi, aka kife ƙore, na zo zan aje radiyo a tsakiyar tabarma. Kaka ta miƙa hannu ta fizge.

"Muryar wa ka zo ɗauka, tawa ko ta waɗannan?"

Na ce ta duka. Ta ce ba ta san zance ba. Ta ɗora radiyon a cinyarta, ta ja gyale ta lulluɓe ta wai kada yashi ya shiga, ta sunkuya a kai tana rera waƙa. Na yi magana, ta ce in fita daga cikin mata tun ba ta sa an yi mini guɗa ba. Da muka dawo gida muka kunna, muryarta ta fito tas, har numfashinta ana ji. 'Yan amshi kuwa babu su. Gyale ya shanye su, sai dai bugun ƙwarya can ƙasa ƙasa. Raina ya ɓaci, na ce kin ga abin da kika ja, kin lalata mini kaset. Ta ce ko a jikinta, ai an ji mai abin. Na jefa shi a akwati na rufe, ban sake bi ta kansa ba.

Shekaru suka tafi. Na yi aure, na bar furoje na koma jigilar fasinja tsakanin Gure da Damagaram. Kaset ɗin Marainiya ya tsinke, na ɗinke shi da man farce, ya sake tsinkewa. Da salula ta zo, wani abokina mai butik, wato shagon sa waƙoƙi a waya, ya duba sunan da ke jikin kwalin, ya nemo mini ita. Ashe ba ta tsaya ba. Ta yi faifai da yawa. Akwai lokacin da ta tara maza masu ganguna da gitar mai aiki da kuran, wato lantarki, ana ta hayaniya, Kaka ta ce Marainiya ta shiga yawon banza. Akwai lokacin da ta koma ita kaɗai, Kaka ta ce ta dawo hankalinta. Daga nan sai shiru. Duk sanda na shiga Damagaram nakan tambayi abokina, ya ce babu sabo. Ban san ko ta yi suna a ƙasarsu ba, ban san ko ta samu abin duniya ba. Mu dai a gidanmu an san ta.

A cikin shekarun shirun nan ne maƙoƙo ya fito wa Kaka. Ya yi ta girma har haɗiya ta gagare ta, muka kai ta likita a Damagaram aka yi mata aiki. Alhamdu lillahi an cire, ta tashi. Amma muryar ba ta dawo ba. Abin da ya saura wata 'yar dusasshiyar aba ce mai kauri, in ta ɗaga sai ta karye. Sau ɗaya ta gwada, a sunan ɗan maƙwabta. Ta jefa baitin farko, muryar ta tsage a tsakiya, wata yarinya marar kunya ta ƙyalƙyale da dariya. Kaka ta tashi ta ɗauki takalmanta.

Daga ranar ta rufe baki. Ba waƙa kaɗai ba, har magana. Matar da in tana tsakar gida ba mai jin kiran salla sai ta yi shiru, ta koma ɗaki ta zauna, ana gaishe ta tana ɗaga hannu. Tuwo sai ta taɓa ta ture. In na leƙa na ce amarya ko kin yi yaji ne, sai ta dube ni kawai. Wannan ya fi komai ci mini rai. 'Yan amshinta kuma ɗaya bayan ɗaya suka tafi, wasu sun rasu, wata 'ya'yanta sun ɗauke ta zuwa Diffa. Na tsorata, in faɗi gaskiya. Na ga tsohuwar nan za ta mutu da bakinta a rufe, waƙoƙinta su bi ta kabari, 'yata da ta fara tasowa ta girma tana zaton kakar babanta kurma ce.

Wata ranar kasuwa ina lodi a tasha abokina ya kira ni, ya ce mutuniyarka ta dawo. Ya tura mini sabon faifan. Na sa a mota, na kusa taka birki. Muryar tsohuwa ce, ta dishe, ta sauka ƙasa, tana jan numfashi tsakanin kalmomi. Ban san me ya same ta ba, ciwo ne ko shekaru. Amma ita ce, kuma ba ta ɓoye komai ba, ba ta sa na'ura ta gyara mata ba. Na ce yauwa, ga maganin Kaka Allah ya kawo.

Na dawo da la'asar na shiga ɗakinta na zauna bakin gado.

"Amarya, Marainiya na gaishe ki."

Na kunna. Ta daɗe tana ji, sannan ta ce a hankali, "Ita ma an yanka ta?"

Kai, daɗin da na ji! Magana ce ta fito. Na ce ban sani ba, amma kin ji ba ta fasa ba. Muka ci gaba har muka zo waƙar ƙarshe. Nan take na gane waƙar. Ta tsohon kaset ce, ta hanyar Kelle, har ƙarar kujerar tana nan. Muryar yarinya ce ke ja, tsohuwar kuma tana bin ta daga ƙasa.

"Wannan 'yarta ce?" in ji Kaka.

"Ita ce dai. Tsohon naɗinta ta ɗauko ta hau kai."

"Wa ke ja?"

"Yarinyar."

"Tsohuwar ce ke amshi?"

"Ita ce."

Ta ja tsaki ta juya fuska bango. "Tir. Girma ya faɗi. Ni ko yunwa za ta kashe ni ba na amshi. Kashe abin nan."

Ina da zuciya, kowa ya sani, kuma a wurinta na gado. Na miƙe na ce haba Kaka, wannan wane irin girman kai ne? Mace tana can ƙarshen duniya cikin ƙanƙara, muryarta ta fi taki lalacewa, ta tashi ta yi abinta, ke kina nan kina kashe kanki don wata 'yar ficiciya ta yi dariya! Na ce to zauna, ni zan nuna wa yaran gidan nan wace ce ke, tunda ke kin ƙi. Na fita ina huci, matata tana ce mini in ji tsoron Allah, tsohuwa ce.

Na zazzage akwati na samo kaset ɗin Gamu. Na kai wa wani mai gyaran radiyo a bakin kasuwa, ya hure masa ƙura, ya juye mini shi a salula. Ban yi wata dabara ba, kada a ba ni hikimar da ba ni da ita. Haushi ne kawai, so nake 'yata ta ji muryar, kuma so nake Kaka ta ji cewa an ji.

Washegari da hantsi mata suna tsakar gida, matata da matan ƙannena suna tsince dabinon da aka kawo daga kwari, 'yata tana gefe tana ci fiye da yadda take tsincewa. Na aje salula a kan turmi na ƙure ƙara. Ƙwarya ta fara, sai muryar ta tashi, siririya, mai kaifi, yadda na san ta ina yaro.

"Yashi ya ci gonar Bune…"

Sai shiru, ƙwarya kawai.

"Rijiyar gabas ta ƙafe…"

Shiru.

"Fari ya tafi da akuyata…"

Matan suka tsaya da tsintar. 'Yata ta ce, "Baba, wace ce wannan take kuka?" Na so in ce ba kuka ba ne, sai na sake kasa kunne. Ni kaina ban taɓa lura ba sai ranar. Duk abin da uwar waƙa take jefawa a waƙar nan asara ce. Na san dai a da in an yi ta, mata har tashi suke su yi rawa, ana dariya ana guɗa, to me ke sa su rawar? Yana cikin amshin, kuma na manta shi. Matata 'yar Damagaram ce, ba ta taɓa ji ba. Sauran duk yara ne.

Daga cikin ɗaki muka ji dusasshiyar murya.

"Ina 'yan amshin? Mutuwa suka yi?"

Na ce, "Ke kika rufe su da gyale."

Muryar kaset ta ci gaba da lissafa masifu. Rumbu ya zube, ɗan fari ya tafi Libiya, ruwa ya yi gardama. Kowane baiti sai ya tsaya a rataye, ba mai karɓa. Labulen ɗakin ya motsa. Kaka ta fito tana dafa bango, ɗankwalinta a karkace, ranta a ɓace.

"Ku wane irin mutane ne? Kuna zaune kun bar yarinya tana ta magana ita kaɗai? Ba a barin waƙar nan haka, ba kyau!"

Matata ta ce, "Kaka, ai ba mu san amsar ba."

"Ba ku san amsar ba! Me kuka sani ban da cin dabino? Maigida, mai da shi farko."

Na mayar. Ta zauna a kan tabarma ta jawo wata ƙwarya ta kife a ƙasa.

"Yashi ya ci gonar Bune," in ji yarinyar, wato muryar Kaka ta cikin kaset.

"Iri na nan a tulu," in ji Kaka.

Muryar ta karye a kan tulu. Ba wanda ya yi dariya. Na zuba wa 'yata ido, da ta motsa baki da ta gane kurenta, amma ita ma ta saki dabinon tana kallo.

"Rijiyar gabas ta ƙafe."

"Hadari na bisa hanya."

"Fari ya tafi da akuyata."

"Ta bar mini 'ya a turke."

Ashe haka abin yake. Kowace asara da amsarta, kuma ita ta shirya su duka tun asali, ta ba ƙawayenta rabin mai daɗi ta riƙe mai ɗaci. Da waƙar ta zagayo, matata ta kama, matan ƙannena suka kama, 'yata ta fi kowa ɗaga murya ko da ba ta san inda Bune take ba. Kaka tana bugun ƙwarya tana harararsu, wadda ta yi latti ta ce mata kurma, wadda ta riga ta ce mata mai gaggawar tsiya. Maƙwabta suka fara leƙowa ta katanga. Ni kuwa na juya baya ina gyara igiyar shanya da ba abin da ya same ta, don hawaye nake yi, kuma ba na son tsohuwar nan ta samu abin tsokanata har ƙarshen rayuwata.

Ta gan ni duk da haka. Ta ce, "Maigida, in ka gama kukan a kawo mini fura, maƙogwarona ya bushe." Ta shanye kwanon tas.

Ban ce muryarta ta dawo ba, ba ta dawo ba. Ba ta sake zuwa suna ko biki ba. Amma bakin ya buɗe, faɗa ya dawo, har muka fara cewa a ranmu da ma an rage kaɗan. Da na tsokane ta na ce amarya ashe ana amshi, ta ce, "Wa na yi wa? Kaina na yi wa. Ni da Marainiya mun san abin da muke yi." Ta sa na sake kunna mata waƙar ƙarshen nan ta faifan, ta saurara har ta ƙare, ta ce tsohuwar tana shiga da wuri kaɗan amma ba laifi.

Ranar Juma'ar da ta biyo, bayan an sauko daga masallaci, ta aika aka kira matan gidan da na maƙwabta, aka kife ƙore a ruwa yadda ake yi. Ta ce in kawo waya biyu, ɗaya ta kunna yarinyar, ɗaya ta ɗauka. Na ari ta ƙanena. Na zo na durƙusa zan ɗora mata mai ɗaukar a cinya, don na san hali, ba na son a sake fizgewa a gaban mutane.

Ta ture hannuna. Ta karɓi wayar ta miƙa wa 'yata.

"Kai ta can tsakiya, inda za a ji kowa. Kada wata ta zo bayana ta tarar ba amsa."